Wai su waye Age da Scarpelli ɗin nan da ake rubuta sunansu a farkon fim?

Duk wanda ya taɓa kallon tsohon fim ɗin kaboyin nan na Clint Eastwood, The Good, the Bad and the Ugly na 1966, to ya ga sunan mutanen nan ko bai lura ba, don a farko-farkon fim ɗin lokacin da kiɗan nan mai kamar kukan dila ke tashi ana jero sunaye, akwai inda aka rubuta Age-Scarpelli a layin marubuta. Ni kaina na daɗe ina zaton mutum ɗaya ne, sunansa Age sunan babansa Scarpelli. Ashe mutum biyu ne, kuma abin dariyar ma shi ne wannan fim ɗin da duniya ta fi sanin sunansu a kai kusan shi ne wanda suka fi ƙarancin hannu a ciki, shi darakta Sergio Leone daga baya cewa ya yi abin da suka rubuto masa barkwanci ne zalla bai yi amfani da kusan komai ba. Ainihin aikinsu yana can wani waje daban, a finafinan ban dariya na Italiya bayan yaƙin duniya na biyu, inda suka yi shekara talatin da 'yan kai suna rubutu tare, fim sama da 100.

Age (ana furta shi Aje) laƙabi ne, cikakken sunansa Agenore Incrocci, an haife shi a garin Brescia a 1919. Shi kuma Furio Scarpelli ɗan birnin Rum ne, shi ma 1919 aka haife shi, a watan Disamba. Na fi karkata ga Scarpelli a wannan bayanin saboda shi ya fi daɗewa ana damawa da shi, amma gaskiya raba su wahala ne, kamar ka ce za ka raba ɗan tagwai da ɗan uwansa a hoton yarinta.

Scarpelli gado ya yi. Babansa Filiberto mai zanen barkwanci ne a jarida, yana cikin waɗanda suka kafa wata jaridar shaguɓe da ake kira Il Travaso delle idee, shi ma ɗan da zane ya fara ba da fim ba. Age kuwa ta rediyo ya biyo, yana rubuta 'yan gajerun wasannin raha. Mahaɗarsu ita ce duniyar jaridun shaguɓe na Rum, musamman wata da ake kira Marc'Aurelio wadda aka kafa a 1931, kuma in ka ji sunayen waɗanda suka ratsa ta ofishin jaridar nan sai ka riƙe baki: Federico Fellini, Steno, Ettore Scola, Ruggero Maccari, manyan daraktoci da marubutan fim na Italiya, duk nan suka yi kuruciyarsu. To me mutum ke koya a irin wannan wajen? Zanen jarida hoto ɗaya ne da layi ɗaya ko biyu na magana a ƙasa, in layin bai ba da dariya ba edita zai wurgo maka abinka, babu wani dogon Turanci. Sannan a zamanin Musolini ake, ba ka isa ka taɓa gwamnati ba, sai dai ka taɓa surukai da masu gidan haya da ma'aikacin da albashinsa ke ƙarewa ranar goma ga wata, wato ka koyi faɗin magana a kaikaice yadda mai hankali zai gane ɗan sanda kuma bai da abin kamawa. Wannan horon bai taɓa barinsu ba har suka tsufa.

Da yaƙi ya ƙare a 1945 Italiya a ragargaje take. Katafaren wajen shirya finafinan da Musolini ya gina a 1937, Cinecittà, sansanin 'yan gudun hijira ya koma. A lokacin ne daraktoci irin su Rossellini da De Sica suka fita titi da kyamara suna ɗaukar talauci tsirararsa, mutumin da aka sace wa keke kuma keken nan ne abincinsa, tsohon da fanshonsa bai isa kuɗin haya ba, irin waɗannan. Turawan waje suka yi ta tafi, ana ba su kyaututtuka, amma a gida fa? Mutumin da ya wuni da yunwa ya tara 'yan kuɗinsa ya shiga silima da daddare ba lallai ne yana son a sake nuna masa yunwar ba. Gwamnati ma ba ta so, Giulio Andreotti da ke riƙe da harkar finafinai a lokacin ya fito fili a 1952 ya caccaki De Sica cewa yana ɓata sunan ƙasa a idon duniya, kuma tunda tallafin kuɗi da takardar izini duk ta hannun gwamnati suke bi, furodusoshi suka gane karatun.

A wannan tsakanin su Age suka shigo, ta ƙaramar ƙofa, wato finafinan Totò. Shi Totò ɗan wasan barkwanci ne daga Napoli, sunansa na gaskiya Antonio De Curtis, ya fito daga wasan daɓe, haɓarsa a karkace jikinsa kamar na roba, kuma furodusoshi sun gano cewa in dai ka sa sunansa a jikin fosta kuɗi sun dawo. Wanda ya san yadda aka riƙa sa sunan marigayi Ibro a gaban sunan fim zai gane tsarin ba sai an yi masa bayani ba, Totò kaza, Totò kaza, ana yi cikin 'yan makonni ana sakewa. Masu sharhi na jarida kallon camama suke musu, abin da bai kai a ɓata tawada a kansa ba. Amma duba na farkon da Age da Scarpelli suka sa hannu tare, Totò cerca casa na 1949, ma'ana Totò na neman gida. Ƙaramin ma'aikaci ne da yaƙi ya raba shi da muhalli, shi da iyalinsa suna kwana a ajin makaranta, daga nan sai gidan mai gadin maƙabarta, har cikin tsohon kangon Colosseum sai da suka tare. Mutane na dariya har da hawaye alhali rabin 'yan kallon su ma matsalar da ke damunsu kenan. Yunwar nan dai da rashin gidan nan da su De Sica ke nunawa ita ce, sai dai an zuba mata sukari, kuma fim ɗin yana cikin waɗanda suka fi kawo kuɗi a shekarar.

Ba kullum dabarar ke tsira ba fa. Totò e Carolina, inda Totò ya fito a ɗan sanda mai tausayi da aka haɗa shi da wata yarinya mai ciki ya mai da ita ƙauyensu kowa ya ƙi karɓarta, hukumar tace finafinai ta riƙe shi ta yi ta yanka, wai an wulaƙanta kaki an taɓa malaman coci, har waƙar 'yan gurguzu da wasu ma'aikata ke rerawa a ciki sai da aka canza ta da wata. An ɗauka a 1953 bai fita ba sai 1955. Wato su ma masu almakashin sun gane dariyar nan ba ta banza ba ce.

Bari in ɗan tsaya kan yadda ake aikin kansa, don nan ne mutane ba su cika sani ba. A Italiya ta wancan lokacin rubutun fim ba aikin mutum ɗaya ba ne da zai kulle ɗaki ya fito da littafi. Mataki-mataki ne: da farko gundarin labari a 'yan shafuka, suna ce masa soggetto, sai a jera fitowa-fitowa a taƙaice kamar matakalar tsani, sai a faɗaɗa shi kamar ƙagaggen labari, a ƙarshe a zo kan cikakken rubutu da maganganun kowa. Kuma mutum uku, huɗu, wani lokacin har shida ke zama a kai tare da darakta, a falon wani ko a gidan abinci, akwai ma wani gidan abinci a Rum mai suna Otello alla Concordia da ya zama kamar majalisarsu. A yi ta hira, a yi gulmar 'yan siyasa, a karanta jarida, a yi musu, sai can a taɓa aikin. Age da Scarpelli sun shahara da faɗa da juna a kan layi ɗaya na magana, kuma ni a ganina faɗan ne ma sirrin, don duk barkwancin da ya tsallake abokin aikinka da ke neman inda zai kushe shi to ya tsallake ɗan kallo. Scarpelli kuma mutum ne da ya yi ta nanata wa matasa cewa marubucin fim littattafan adabi ya kamata ya fi karantawa, ya kuma saurari mutane, ba ya zauna yana kwafar wasu finafinan ba.

Sauraron nan shi ne jarinsu na gaske. Italiya ba ta zama ƙasa ɗaya ba sai 1861, kuma a lokacin 'yan tsiraru ne ke jin daidaitaccen Italiyanci, kowa karin harshen garinsu yake yi, na Sisili daban na Milan daban na Napoli daban, wani ma ba ya gane wani sam, abin ya wuce bambancin Sakkwatanci da Kananci nesa ba kusa ba. Gwamnatin Musolini ta tsani wannan, a finafinan zamaninta kowa tsabtataccen harshen littafi yake yi a cikin falo mai farar wayar tarho. Su Age sai suka dawo da bakin titi cikin fim, kuma ba don ado ba, a'a, da mutum ya buɗe baki ka san garinsu, ka san ajinsa, ka san ƙaryar da yake yi wa kansa. Abin da suka fi ƙwarewa a kai shi ne talakan da ke ƙoƙarin yin maganar manya, ya tsinci wata babbar kalma a jarida ko a bakin lauya ya maƙala ta inda ba wajenta ba, yana hura hanci. Kuma da yake a Italiya kusan duk fim sai an gama ɗauka ake ɗora murya a situdiyo, marubuci na da damar gyara magana har minti na ƙarshe, sannan ana iya ɗauko mai fuskar da ta dace a ba shi muryar wani. Tiberio Murgia da ya yi suna a matsayin Basisile mai kishin ƙanwa, ɗan tsibirin Sardiniya ne, muryar aro aka sa masa.

1958 ce shekarar da komai ya juya, da fim ɗin I soliti ignoti, wanda suka rubuta tare da darakta Mario Monicelli da wata gwanar marubuciya Suso Cecchi d'Amico. Sunan daga yaren jarida aka ɗauko shi, irin abin nan da ake rubutawa in an yi sata, wai "wasu da ba a san ko su waye ba". Shekara uku kafin nan Faransawa sun yi wani fim na ƙwararrun ɓarayi masu fasa shagon gwal cikin tsari da natsuwa, to sai su kuma suka ce bari mu ga yadda abin zai kasance in 'yan unguwarmu ne. Ga ɗan dambe mai in'ina da ba ya cin wasa, ga mai hoto da ke fama da goyon jariri saboda matarsa na gidan yari kan fasa-ƙwaurin sigari, ga wani tsoho da ba abin da ke ransa sai abinci, ga Totò a matsayin tsohon gwanin fasa akwatin kuɗi yana ba su lacca a saman bene cikin rigar barci. Shirinsu su shiga wani gida su huda bango su faɗa ma'ajiyar gidan jingina. Suka kwana suna huda, bango ya faɗi, sai ga su a kicin ɗin gidan da suke ciki, ashe masu gidan sun canza wa kayan ɗaki waje, bangon da ba shi ba suka fasa. Gari ya kusa wayewa, ba lokacin sake wani, sai kawai suka buɗe tukunya suka sami taliya da wake irin nasu suka zauna suka ci.

Abu biyu ne sabo a nan. Na ɗaya Vittorio Gassman, wanda kowa ya sani da wasan daɓe na manyan littattafai da fitowa a mugu, aka canza masa kamanni aka ba shi in'ina ya zama ɗan barkwanci, masu kuɗin fim ɗin ma da farko ba su yarda ba. Na biyu kuma wanda ya fi muhimmanci, a tsakiyar fim ɗin ɗaya daga cikin ɓarayin ya je fizgen jaka jirgin titi mai bin dogo a cikin gari ya take shi ya mutu, mutuwa ta gaske, abokansa suka je jana'iza. A fim ɗin dariya fa. Kafin nan dokar ita ce a barkwanci ko bene mutum ya faɗo zai tashi ya karkaɗe riga. Daga wannan fim ɗin ne yawancin masana ke fara lissafin abin da aka zo ana kira commedia all'italiana, wato barkwanci irin na Italiya, sunan da asalinsa ma da raini-raini aka fara faɗarsa.

Shekara na zagayowa suka taɓo abin da ba a taɓawa. Yaƙin duniya na ɗaya, inda Italiya ta rasa sojoji wajen 600,000, abu ne mai tsarki a wajen hukuma, Musolini ya gina mulkinsa kan labarin jarumtar wannan yaƙin, kuma ko bayan faɗuwarsa ba wanda ke wasa da shi. Da aka ji furodusa Dino De Laurentiis zai yi fim a kai da 'yan barkwanci, Alberto Sordi da Gassman, jaridu suka tayar da ƙura tun kafin a kunna kyamara. La grande guerra labarin matsorata biyu ne, ɗaya ɗan Rum ɗaya ɗan Milan, ba abin da suka iya sai zillewa aiki da neman inda za su ɓuya. A ƙarshe sojojin Ostiriya suka kama su, aka ce su faɗi inda gadar sojojinsu take ko a harbe su, kuma wallahi har sun yarda za su faɗa, sai hafsan Ostiriyan ya yi wata dariyar raini da abokinsa kan cewa Italiyawa ba su da zuciya. Nan ɗan Milan ɗin ya ji abin ya tsaya masa a wuya, ya zage shi ya ce ba zai faɗa ba, aka harbe shi. Ɗayan kuma aka ja shi yana ihu yana cewa shi matsoraci ne kowa ya sani, shi bai san komai ba, shi ma aka harbe shi bai faɗa ba. Can a sansaninsu kuwa ana ta mita wai 'yan iskan nan sun sake guduwa. Ni dai ban san wani rubutu da ya kai wannan iya haɗa dariya da ƙuna a fitowa ɗaya ba, mutum ya yi mutuwar jarumi yana rantsuwa shi ba jarumi ba ne. Fim ɗin ya raba babbar kyautar bikin Venis ta 1959 da fim ɗin Rossellini, wato 'yan camama sun zauna kujera ɗaya da malam.

Daga nan sai ƙasar kanta ta canza a hannunsu. Tsakanin ƙarshen shekarun 1950 da farkon 1960 kuɗi suka shigo Italiya, masana'antu a arewa, 'yan kudu na ta kwarara Turin da Milan neman aiki, ƙaramar motar Fiat, firji, talabijin, hutu a bakin teku. Yunwa ta ragu sai haɗama ta maye gurbinta, su ma sai alƙalaminsu ya ƙara kaifi. I mostri na 1963 da Dino Risi ya ba da umarni gajerun labarai ne guda 20, kowanne na nuna wani nau'in mutumin banza, uban da ke koya wa ɗansa cuta tun yana ƙarami, ɗan majalisa mai addinin baki, da sauransu. A shekarar dai suka rubuta I compagni kan yajin aikin ma'aikatan masaƙa a Turin a ƙarshen ƙarni na 19, masu aikin awa 14 a rana, a gida bai yi kasuwa ba amma ya kai su takarar Oscar ta rubutu. Wani fim ɗinsu, Casanova 70, ya sake kai su. Ba su ci ko ɗaya ba.

Wanda ya fi tsaya min a rai a wannan zangon shi ne Sedotta e abbandonata na 1964, tare da darakta Pietro Germi da Luciano Vincenzoni. A dokar Italiya ta lokacin akwai wani sashe, na 544, da ya ce in namiji ya lalata yarinya ko da ƙarfi ne, matuƙar ya aure ta to laifin ya goge. A fim ɗin saurayin yaya ne ya yi wa ƙanwa 'yar shekara 16 ciki a wani gari a Sisili, uban ya haukace ba don 'yarsa ba sai don abin da gari zai ce, shi kuma saurayin ya ce ba zai aure ta ba tunda ba budurwa ba ce, alhali shi ne ya yi aika-aikar. Kana dariyar uban yana zare ido yana shirya ƙarya kala-kala, sai can ka lura ita yarinyar ba wanda ya taɓa tambayarta me take so. A ƙarshen 1965 abin ya faru a zahiri a garin Alcamo, aka sace wata yarinya Franca Viola, ita kuma ta ƙi auren, babanta ya goya mata baya aka je kotu aka ɗaure mutumin. Dokar kuwa ba a soke ta ba sai 1981. Ba zan ce fim ne ya soke doka ba, amma shekara da shekaru mutane na dariyar abu a silima, wata rana kunyar kare shi a majalisa za ta kama su.

Sai kuma 1966, shekarar fim ɗin kaboyin can, wadda a cikinta ne suka yi abin da ya fi nuna gwanintarsu ta harshe, L'armata Brancaleone. Labarin wani matalaucin barde ne a zamanin da, da dokinsa rawaya mai taurin kai da tarkacen mabiya, suna tafiya karɓar wata gandun sarauta da takardar da aka sato. Tambayar ita ce da wane baki mutanen shekara dubu da suka wuce za su yi magana? Sai suka ƙirƙiro nasu, suka cakuɗa gurɓataccen Latin da tsohon Italiyanci da karin ƙauyuka, harshen da ba a taɓa yi ba amma kowa na ganewa yana kuma dariya. Har yau in Ba'italiye ya ga tarin mutane marasa tsari sun ɗauko aikin da ya fi ƙarfinsu, ko ƙungiyar ƙwallo ce ko jam'iyya, armata Brancaleone yake ce musu. Irin wannan ne ya sa fassara ke kashe finafinansu, kuma ina jin shi ya sa aikinsu da baƙi bai yi albarka ba, shahararren darakta Alfred Hitchcock da kansa ya ɗauke su a tsakiyar shekarun 1960 su rubuta masa labarin wani Ba'italiye mai kula da otal a New York da danginsa ɓarayi, abin ya watse ba a yi fim ɗin ba. Mutanen da ƙarfinsu ke kunne, ka raba su da harshensu, me ya rage?

Zuwa shekarun 1970 dariyar ta fara ɗaci sosai, ƙasar na fama da bama-bamai da kashe-kashen siyasa, su kuma sun manyanta sun fara waiwaye. C'eravamo tanto amati na 1974 da suka rubuta da Ettore Scola abokai uku ne da suka yi yaƙin sunƙuru tare a kan 'yan Nazi, aka bi rayuwarsu shekara 30. Ɗaya ya ƙare ma'aikacin asibiti yana nan da aƙidarsa da talaucinsa, ɗaya malamin makaranta da son fim da surutu suka raba shi da iyalinsa, na ukun lauya ya auri 'yar wani hamshaƙin ɗan kwangila ya yi kuɗi. Akwai inda ma'aikacin asibitin ya haɗu da lauyan bayan shekaru yana ƙoƙarin fitar da motarsa daga inda aka toshe ta, sai ya zaci aikin gadin motoci yake yi, ya tausaya masa, shi kuma kunya ta hana shi cewa ai ni attajiri ne. Kansu suke rubutawa, tsararsu da ta ce za ta gyara duniya.

A La terrazza na 1980 ma ba su ɓoye ba, akwai marubucin finafinan barkwanci a ciki da kansa ya ƙafe ya kasa rubuta ko layi, furodusa kuma kullum yana bugo waya da tambaya ɗaya, abin da dariya kuwa? Har mutumin ya kai ga cusa yatsarsa cikin injin fiƙe fensir. Fim ɗin ya ci kyautar rubutu a Cannes, amma kasuwar da ta haife su ta riga ta mutu. A 1955 an sayar da tikitin silima sama da miliyan 800 a Italiya, daga 1976 da kotu ta buɗe wa tashoshin talabijin masu zaman kansu hanya sai gidajen silima suka yi ta rufewa, sababbin 'yan barkwanci kuma daga talabijin suke fitowa suna rubuta wa kansu suna ba wa kansu umarni. Wajen 1985 Age da Scarpelli suka raba gari, kowa ya kama gabansa.

Age ya ɗan ci gaba da rubutu da koyarwa, ya rasu a 2005. Scarpelli kuwa kamar an ƙara masa mai, ya ci gaba da aiki da Scola, ya koyar a makarantar fim ta Centro Sperimentale da ke Rum inda ya yaye ɗalibai irin su Paolo Virzì wanda daga baya suka rubuta finafinai tare, sannan da ɗansa Giacomo suna cikin marubutan Il postino na 1994, labarin ɗan aiken wasiƙa da mawaƙi Pablo Neruda, fim ɗin da jaruminsa Massimo Troisi ya rasu washegarin gama ɗauka. Wannan ya kai Scarpelli takarar Oscar karo na uku yana da shekara 76, nan ma bai samu ba. Ya rasu a Rum a watan Afrilun 2010 yana da shekara 90, Suso Cecchi d'Amico ta bi shi a watan Yuli, Monicelli kuma a Nuwamba, wato cikin wata bakwai sauran ukun da suka zauna da Age suka rubuta ɓarayin nan masu cin taliya a kicin ɗin mutane duk suka tafi.